Mudir Mai Hulunan Gashi

Tun da na dawo, duk ranar da na zauna a fadarmu ta ƙofar shagon mai gyaran rediyo, kafin shayi na biyu ya tafasa sai wani ya ce in ba da labarin Jidda. Na ba da shi har ya fara sauya kama a bakin mutane. Ran nan na ji wani yana rantsuwa wai a jirgin ruwa na dawo. Shi ya sa na ce bari in rubuta yadda abin ya kasance, wanda ya sake tambaya in miƙa masa takarda in sha shayina.

Sunana Habu, amma a Damagaram Habu Kesiye aka san ni, don shekara goma sha takwas na yi a bayan tagar biyan kuɗi, wadda muke kira gishe, a wani bankin gwamnati. Wata shekara wasu Turawa masana suka zo da jakunkunan hannu, suka yi mako biyu suna duba littattafanmu a ɗaki mai sanyi, suka ce gyara za a yi. Gyaran shi ne aka sa wa ƙofa kwaɗo. Sai da muka shekara uku muna jira kafin a biya mu haƙƙin sallama. Ranar da na karɓo nawa, maiɗakina Mariyama ta ce mu sayi tumaki. Na ce mata umra zan je, in sayo kekunan ɗinki uku a Jidda in buɗe shago, in ɗauki teloli. Ta ce to in canza kuɗin tun a gida. Na yi mata bayani a tsanake cewa sefa ba irin sauran kuɗin Afirka ba ce, Faransa ce tsaye a bayanta. Ta ce Allah ya tsare hanya, ta ɗinka mini ɗamara mai aljihu na zuba kuɗin na ɗaura a ƙugu.

Ta Kano zan hau jirgi, don haka na shiga motar Kano da safe. A kan iyaka ɗan duwan, wato ɗan kwastan, da ya karɓi takarduna ya dube ni, ya sake duban hoton, sannan ya tambaye ni ko ba ni ne mai gishe na biyu ba. Na ce ni ne, ina murna an gane ni. Ashe albashinsa na shekaru a bankinmu ya maƙale, kuma ni ne wanda na yi ta ce masa ya dawo gobe. Bai ɗaga murya ba. Ya jawo wani kwali ya rufe ƴar tagarsa, ya leƙo ta gefe ya ce, “Malam Habu, an rufe gishe. A dawo gobe.” Na zauna a kan benci awa biyu, fasinjoji suna zagin direba, direba yana hararata. Da ya ga ya huce, sai ya buɗe kwalin, ya buga mini hatimi, ya ce in na je gaban Ka'aba in roƙa masa Allah ya fito masa da kuɗinsa. Na yi alkawari, kuma na cika.

A Kano jirginmu ya yi jinkirin kwana uku. Na sauka a wani masauki a Fagge, na ratsa wurin ƴan canji don in sayi riyal kaɗan na abinci da mota. Wani dattijo a cikinsu ya ce in ina da sefa da yawa in rabu da ita, ana raɗe-raɗin za a karya darajarta. Na ce masa tun ranar da na kama aiki nake jin wannan raɗe-raɗin, na kuwa tsaya na yi masa darasi na kusan rabin awa a kan yarjejeniyarmu da Faransa. Ya saurara har na gama, ya ce Allah ya ƙara ilimi.

A filin jirgin Jidda ba abin da ya same ni sai kunya. Cikin harami nake, ɗamara ta yi tudu a cikina, mai bincike ya sa na kwance. Gumi ya jiƙa takardun sun manne da juna kamar ganyen da aka dafa. Ya ɗaga ɗaya da yatsa biyu, ya nuna wa abokin aikinsa, suka yi wata magana da Larabci, ya mayar mini ba tare da ya tambayi ko nawa ne ba. A lokacin na ɗauka mutunci ne.

Na yi umrata lafiya, na yi mako guda a Makka, na dawo Jidda wurin ƙanwar mahaifiyata, Inna Zule, wadda ta shekara kusan talatin a unguwar Nuzla tana sayar da tuwo. Nuzla lunguna ne matsattsu, in ka rufe ido ka saurara ka ce a gida kake, sai dai Hausar can rabinta Larabci ne. Ba mai ce maka an gama, sai halas. Ba mai ce maka mu tafi, sai yalla. Ƴaƴan Inna da aka haifa a can suna jin duk abin da na faɗa, amma in za su ba ni amsa sai su fara da Hausa su ƙare da Larabci, ni kuwa in gyaɗa kai. Da safe wake ake ci dafaffe da mai, da wata faffaɗar gurasa mai zafi da ake kira tamis. Na kwana biyu ina jiran a kawo abincin, ashe shi ke nan. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne in an kira salla, mai shago sai ya jefa ƙyalle a kan kayansa ya tafi. A bankinmu ƙofa uku ta ƙarfe gare mu, da mai gadi da bindiga, kuma ta ciki aka kwashe kuɗin.

Washegari na tafi Bab Makka, kasuwar da ke bakin tsohuwar ƙofar gari, na sami wani ɗan canji Bayamane mai jin Hausa. Na zaro takarda ɗaya na ajiye masa. Ya ce labari biyu gare shi. Na farko, ina can ina ɗawafi aka raba darajar sefa biyu. Na biyu, ko ba a raba ba shi ba ya karɓa, don an yi watanni da daina karɓar takardar sefa a mayar in ta fita daga ƙasashenmu. Na ce ni ma'aikacin banki ne. Ya ce to ai na fi shi sani. Gaskiyar ita ce tun da aka rufe bankinmu na daina sauraron labarin kuɗi a rediyo saboda haushi. Na zagaya ƴan canji bakwai, ɗaya ne kawai ya nuna sha'awa, shi ma hoton da ke jikin takardar ne ya burge shi. Na koma Nuzla da aikin shekara goma sha takwas ɗaure a ƙugu, ba zai saya mini ko allurar keke ba. Ban faɗa wa Inna ba. Da ta tambayi maganar kekuna na ce ina nazarin kasuwa.

Ɗakin da ta sauke ni ɗakin baƙi maza ne, kuma akwai mai zama a ciki. Ranar da na iso ba ya nan, yana aikin wanke tukwane a wani gidan shinkafar Bukhari. Da la'asar ya shigo, wani farin dattijo gajere mai faɗin kafaɗa da haƙoran zinariya huɗu, ya miƙo mini hannu ya ce, “Sannu da zuwa, ke ce ɗan Hajiya?” Sunansa Rustam, amma duk Nuzla Mudir ake ce masa, wato manaja. A wurin tuwon Inna ya koyi Hausa, a bakin mata, don haka kowa ke ne a wurinsa, har limamin masallacin lungu. Liman ya gaji da gyara masa ya haƙura.

Ranar da na dawo daga Bab Makka ya same ni na baza takarduna a kan tabarma ina kallonsu. Ya ɗauko matashin kansa, ya warware bakinsa, ya zazzage. Kuɗi ne fal, manyan takardu masu hoton wani mutum mai sanƙo. Ya ce rubul ne, yanzu a ƙasarsu ko mai sayar da ƙwai ba ya karɓa, amma ga wuya ba abin da ya fi su daɗi.

Daga nan ya ba ni labarinsa, cikin Hausar mata da Larabci da hannu. Daga wata ƙasar duwatsu yake, cikin waɗanda suka fita daga tarayyar Sobiyat, kuma shekara ashirin yana shugabantar reshen bankin ajiya a garinsu. A da banki ɗaya ne, na gwamnati, farashin kowane abu kuma a masana'anta ake buga shi a jikin kaya, ko cokali ne. Aikinsa shi ne buga hatimi. Rana ɗaya aka ce yanzu kasuwa ce za ta yanke farashi, kuma kowa yana iya buɗe banki. Wani ɗan ƙanwarsa mai sayar da soyayyen iri a bakin tasha ya buɗe nasa a cikin rumfar. Tsofaffin da suka tara kuɗin sayen mota a wurin Mudir suka zo suka karɓa, kaza kawai ya iya saya musu. Ya ce wata tsohuwar malamar makaranta da ta koya masa lissafi ta zo ta karɓi nata, ta ƙidaya a gabansa, ta ce masa ya ci jarrabawa, lissafin daidai ne. Tun ranar bai sake iya zama a kujerar gaba, inda masu ajiya za su gan shi, ba. Su ma masana sun zo musu da jakunkunan hannu. Da na kwatanta masa namu, dogo mai tabarau wanda ba ya shan ruwan gari, ya dafe kai ya ce wallahi shi ne. Har muka rabu bai yarda cewa mutum biyu ne ba.

Da reshensa ya rasa abin biyan albashi, sai aka biya ma'aikata da kayan wata masana'anta da ta kasa biyan bankin. Shi hulunan gashi ya samu, irin masu kunnuwa da ake ɗaurewa a haɓa, buhu huɗu. Ya ji mutanen garinsu za su tafi Hajji a mota, karo na farko a rayuwarsu da aka ƙyale su, kowa da kayan da zai sayar ya yi guzuri. Masu darduma da masu madubin hangen nesa suka sayar suka koma. Shi ya tsaya a Bab Makka da hulunan gashi, a garin da kwalta take narkewa, har motar ta gaji da jira ta tafi. Fasfonsa kuma na ƙasar da babu ita ne. Ofishin tsohuwar ƙasar ya ce shi ba nasu ba ne yanzu, sabuwar kuwa ba ta buɗe ofishi a Jidda ba tukuna. Buhunan na nan jingine a kusurwar ɗakinmu, kuliyoyin Inna suna haihuwa a kai.

Riyal ɗina ya ƙare, kwanakin bizata suka wuce, tikitin komawa ya mutu, ni kuwa na kasa tunanin fuskar Mariyama. Ba ni da iƙama, wato takardar zama, ba ni da kafilin da zai tsaya mini, don haka aikin da ake ba irinmu na nema. Wani Bacade mai suna Adamu, shugaban leburori a wani ɗakin sanyi da ake ajiye daskararrun kaji, ya ɗauke ni dako. A waje rana tana dafa mutum, a ciki numfashinka hayaƙi yake zama. Leburorin, yawanci ƴan Nijar da Cadi, tsummoki suke naɗawa a ka. Kwana uku kunnuwana suka kumbura suka daina jin taɓi. Mudir ya gani, ya kori kyanwa daga kan buhu, ya zaro hula ɗaya ya kifa mini.

Na shiga ɗakin kaji da ita washegari, aka yi ta dariya har Adamu ya zauna a kan kwali. Kafin azahar ya ce in ara masa ya gwada. Bai dawo mini da ita ba. Da yamma mutum goma sha ɗaya suka biyo ni Nuzla.

Nan muka yi rigimarmu ta farko da Mudir. Ya juya hular ya nuna mini farashin da aka buga a ciki, ya ce haka za a sayar, ƙari a kan wannan laifi ne da ake ɗaure mutum a kansa. Na ce wace gwamnati ce za ta ɗaure shi, ai ta mutu. Ya ce duk da haka. Na ce to da wane kuɗi za a biya farashin, da na cikin matashi? Muna cikin haka Inna ta fito da muciya a hannu, ta tambayi leburorin nawa suke samu a yini, ta yanke farashi, ta ce wanda ba shi da shi yanzu ya biya ranar Alhamis. Manajan banki da kesiye muka tsaya muna miƙa huluna. Labari ya bazu zuwa ɗakunan kifi da na nama. Cikin wata biyu buhu huɗu suka ƙare, kuma in ka bi ta wajen da safe sai ka ga ƙattin Hausawa suna tafe cikin zafin Jidda da hulunan gashi a ka, Larabawa suna rage gudun mota suna kallo.

Ranar da aka sayar da ta ƙarshe, Inna ta kira ni bayan rumfarta ta ce, “Kai kuma ɗan nan, sai yaushe za ka kwance abin da ke ƙugunka? Wata uku kana wanka da shi.” Na faɗa mata komai, kaina a ƙasa. Ta buɗe wani tsohon firji da ba ya aiki. Gwangwanayen madara ne jere, kowane da zare mai launi daban a wuya. Ashe rabin ƴan Nijar ɗin Nuzla a wurinta suke ajiya, kuma duk mai shirin komawa gida sefa yake nema ido rufe. Ba ta karatu, ba ta rubutu, zaren ne littafinta, kuma ba a taɓa zuwa ta ce a dawo gobe ba. Cikin kwana goma ta sayar da sefata kaf ga masu komawa. Rabin da ya tafi ya tafi, amma sauran ya zama riyal a hannuna. Na tambaye ta me ya sa ba ta yi magana tun farko ba. Ta ce ta ji an ce ni ma'aikacin banki ne, ba ta so ta yi mini katsalandan. Mudir ya roƙi a bar shi ya ga firjin. Ya daɗe tsaye a gabansa, hannuwansa a baya, kamar mai ziyarar kabari.

Keke ɗaya da rabi kuɗin ya isa, na cika da ladan dako na sayi biyu, na ba wani mai komawa ta jirgin kaya. Tunda lokacin Hajji ya matso na tsaya na sauke farali. Bayan nan sai maganar komawa. Wanda ya wuce kwanakinsa, hanyar da aka sani ita ce ya je ya zauna ƙarƙashin wata gada inda ake taruwa, a zo a kwashe shi zuwa gidan da ake tsare mutane kafin a mayar da kowa ƙasarsa, wanda ake kira tarhil. Mudir ya ce zai bi ni. Yanzu yana da kuɗin tikiti, ba shi dai da ƙasar da za a rubuta a kai, yana fatan hukuma ta san yadda za ta yi da shi. Yana da ƴa guda a gida, rabonsa da labarinta shekara guda. Inna ta ba mu dambun nama, ta naɗa masa rawani saboda rana, ta juya baya tana faɗa da kuliyoyi don kada mu ga idonta.

A tarhil muka tarar da wani mutum wanda ya daɗe a can har shi ke nuna wa sababbi wurin kwana, saboda ba ƙasar da ta amsa cewa nata ne. Mudir ya zauna da shi yini guda. Ranar da ake rarraba mutane ƙasa-ƙasa, ya shiga layi a bayana. Mai rubuta sunaye ya ɗaga kai ya ga fari da rawani, Mudir ya gaishe shi da Hausa, ya tambayi gida da yara. Mutumin ya ce Buzu ne? Daga ina? Mudir ya ce Damagaram, unguwar Birni, wato unguwar su Inna da ya sha ji a bakinta. Na buɗe baki zan gyara, sai na ji dugadugansa a kan yatsun ƙafata. Ya matso ya ce a hankali, “Ke, yi shiru. Ƙasarku tana nan?” Na ce tana nan. Ya ce, “To ta ishe ni. Daga can ana iya aika wasiƙa.”

Haka muka sauka Yamai tare, muka kwana biyu a mota zuwa Damagaram, yana kallon gonakin hatsi ta taga yana tambayata na wace hukuma ne. Na yi sallama a gida, Mariyama ta fito, ta dube ni, ta dubi wanda ke bayana riƙe da matashi. Na ce mata kekuna biyu suna hanya, wannan kuma manajan banki ne. Ta ce, “Yana cin tuwon hatsi?” Na ce yana ci. Ta juya ta ce wa ƴarmu ta ƙara ruwa a tukunya.

Wata takwas ya yi a zaurenmu. Ya rubuta wasiƙu, ƴarsa ta amsa, daga baya sabon fasfo ya iso ta hannun wani ofishi a wata ƙasa. Kafin nan matan unguwarmu sun ji cewa manaja ne, suka damƙa masa littafin adashinsu, yana bin gida-gida duk Juma'a da biro a kunne. Da ranar tafiyarsa ta zo suka taru a ƙofar gida suka ce ba inda za shi, saura mata shida ba su kwasa ba. Na ce zan karɓi littafin, suka ce sun san inda na yi aiki. Mudir ya sauke jakarsa, ya sa na je na ɗaga masa tafiyar mako shida. Ranar da ta ƙarshe ta kwashi nata, ya rufe littafin ya miƙa wa Mariyama da hannu biyu. A tasha, yana hawa mota, ya ce mini a duk shekarunsa na aiki wannan ne bankin farko da ya riƙe har kowa ya karɓi abinsa.